Gwiwar Ninian Petrie

Mijin yayata ne, kuma shekara goma sha bakwai garinmu Dunlarig, a ƙasar Scotland, yana taƙama da shi saboda abu guda: gwiwarsa ta dama ba ta lanƙwasuwa. Muna da gada, muna da babbar majami'a, muna da kasuwar shanu, amma in baƙo ya zo, gwiwa muke kai shi ya gani. Ni Dand masaƙi ina cikin masu rakiyar, har da ɗaga murya ina bayani. Yau in na tuna sai kunnuwana su ɗau zafi.

Ninian Petrie mai rufin gidaje ne, ɗan mai rufi. Tun yana ƙarami yake jera falalen dutse a kan gidajen mutane, kuma a can sama ya fi sakewa, don babu mai yi masa magana sai hankaki. In ka gaishe shi da safe, sai rana ta take yake amsawa. Da ya auri yayata Marjory sai aka ce an yi daidai, tunda ita bakinta ya ishi gida uku.

A watan Nuwamba na 1620 ya zamo daga rufin babbar majami'a. Maɗori ya ɗaure ƙafar yadda ya iya, ta warke, amma ta warke a miƙe sambal kamar gungume. Hawa ya ƙare ke nan, ga 'ya'ya biyu, ga na uku a hanya.

A watan ne kuma aka naɗa mana sabon bishop, Gavin Meldrum. Labarinsa ya riga shi isowa. Fasto ne a kudu, mai zafin wa'azi, wanda ya shekara goma yana cewa duk bishop kyarkeci ne sanye da rigar makiyayi. Da takardar Sarki ta iso masa daga London, sai ya sake buɗe Littafi, ya ga ashe da can bai karanta da kyau ba. Ya zo mana da farin hannun riga mai faɗi, da idanu marasa ganin nesa, da umarnin Sarki a aljihu: daga yanzu a durƙushe za a karɓi Jibin Ubangiji, wato gurasa da kofin da ake rabawa a coci, yadda Ingilawa ke yi. Mu kuwa tun zamanin kakanninmu a zaune muke karɓa, a dogon tebur, kuma kowa ya san durƙusa wa gurasa aikin mabiya cocin Roma ne.

Ranar Ista ta 1621 aka sa don gwaji. Masu taurin kai suka kwanta ciwon ciki a gida. Ninian kuwa ya fi kowa ɗokin zuwa, don yana so bishop ya gan shi, ya ba shi shugabancin masu gyaran rufin majami'a, aikin da ake yi daga ƙasa da baki da yatsa. Mako guda yana koyon durƙuso a tsakar ɗaki, gwiwar hagu a ƙasa, ƙafar dama a wage gefe.

"Kamar kare a jikin bango," in ji Marjory. "Amma dai yi, maigida, durƙuso durƙuso ne."

Abin da bai lissafa ba shi ne tebur. Mutum ɗari biyu muka cika wurin, aka matse shi tsakanin mahauci da matar mai burodi, ƙafar nan ta shige can ƙarƙashi ta saƙale tsakanin ƙafafun tebur. Bishop ya ɗaga hannu, muka zube gaba ɗaya, na baya suka turo benci. Da na ɗago ido sai ga mutum ɗaya tak a zaune ƙyam, kansa sama da na kowa, gumi na tsiyaya daga gemunsa.

Bishop ya matso yana ƙyafta ido. "Bawan Allah, durƙusa."

Ninian ya ja ƙafa. Tebur ya girgiza, ƙafa ba ta fito ba.

"Na ce durƙusa."

Ya buɗe baki. Na rantse na ga harshensa yana motsi. Kafin kalma ta fito sai wata tsohuwa, Gwaggo Eppie, wadda ita kanta tana durƙushe hancinta a kan tebur, ta kwarma ihu: "Kada ka yarda, ɗan nan! Riƙe!"

Dukanmu mun san labarin ƙafar. Ɗari biyu, ba wanda ya ce uffan. Wasu don ƙin bishop, wasu don tsoro, ni kuwa ina cizon hannun rigata kada dariya ta kufce a gaban gurasar Ubangiji. Bishop ya faɗa karo na uku, fuskarsa ta yi jawur, ya wuce shi da kofi. Kafin yamma an rufe Ninian a hasumiyar gari, kwana arba'in.

Yana can a rufe Hew Skirving ya shigo rumfar saƙata. Hew mai fataucin fatu ne, dattijon ikilisiya, kuma shi ne shugaban masu ciwon cikin Ista.

"Dand, yaushe surukinka ya faɗo?"

"Nuwamba, dattijo."

"Yaushe aka naɗa kyarkecin?"

"Nuwamba."

"To me ka gani?"

"Na ga mutum ya taka gansakuka ya zamo."

"Makaho ɗan makaho! Allah ne ya riga Sarki. Ya san umarnin na tafe, ya kulle gwiwa ɗaya a ƙasar nan don ta zama shaida a kanmu."

Na yi dariya har zare ya tsinke. Bayan wata uku ni ne nake faɗa wa baƙi wannan maganar, da hannu a ƙirji. Kada a tambaye ni yadda aka yi. Kowa na faɗa, kuma faɗarta ta fi daɗi a kan tuna cewa mu duka mun durƙusa.

Ninian ya fito ya tarar da gida cike. Mutane na zuwa daga Fife, daga Ayr, kwana huɗu a ƙafa. Ba ziyarar tsarkaka ba ce, Allah ya kiyaye, wannan aikin Roma ne. Gaisuwar mara lafiya suke zuwa, sai dai kowa kafin ya tafi yakan nemi ya ɗan dafa gwiwar, ya ajiye cuku ko kaza ko busasshen kifi. Aka ba shi kujerar gaba a duk taro. A unguwarmu kaɗai aka raɗa wa jarirai goma sha ɗaya suna Ninian. In masu ƙin bishop za su yi sujada a rumbun wani manomi a hayin rafi, ni nake goya shi in tsallake da shi, ruwan ƙanƙara har cinyata, mutumin da ya fi buhun sha'ir biyu nauyi.

"Sannu, Dand," yakan ce a kunnena.

"Ba komai, Yaya. Lada nake nema."

Yanzu ga abin da ban sani ba, wanda sai bayan komai ya lalace Marjory ta faɗa min, tana firar albasa kamar labarin wasu take bayarwa. A hunturu na uku Ninian ya fita bayan gida ɗebo itace, santsi ya kwashe shi, gwiwar ta yi ƙara ƙas, ta lanƙwashe. Ya miƙe ya gwada, ta tafi ta dawo. Ya shigo madafa yana hawaye.

"Marjory, ta sake! Zan koma sama!"

Ta tura ƙofa da ƙafa. "Wa ya gan ka?"

"Ba kowa."

"To miƙe ta. Ga mutum biyu daga Ayr a ɗakin gaba, sun kawo rago."

"Amma Allah ya warkar..."

"Kai ka san haka, ni na sani. Su cewa za su yi ka durƙusa a zuciya shi ya sa Allah ya janye hannunsa, ko kuma tun farko ƙarya ce. Ka zaɓi wadda kake so, duk biyun ƙarfe ne a wuya a ƙofar coci, da kora daga gari. Miƙe ta, na ce!"

Ranar ta ɗinke masa siririn katako a cikin doguwar safarsa, daga cinya zuwa ƙwauri. Tun daga nan rayuwarsa ta rataya a kan kada wani mahaluki ya ga ƙafar nan ta tanƙware. Ni kuwa na ci gaba da goyo. Shekara goma sha biyar ina tsallake rafi da mutumin da zai iya tsere ni a guje!

Ba a nan abin ya tsaya ba. Sau huɗu a shekara bishop yakan aiko a kawo masa Ninian don gargaɗi, a rufe ƙofa tun hantsi har la'asar. Mu kuma mu tsaya a bakin ƙofar gidan muna rera zabura don Allah ya ƙarfafa shi. Yakan fito fari fat da ƙura, hannuwa a kuje, mata su fashe da kuka.

Ashe tun kwana na uku a hasumiya bishop ya hau ya ga ƙafar da idonsa, ya kama kai, ya ce, "Me ya hana ka faɗa?" Ninian ya ce, "Ba ka tambaya ba, ranka ya daɗe." Amma takarda ta riga ta tafi London cewa Meldrum ne bishop na farko da ya kama mai taurin kai ya hukunta, kuma ba a aika wa Sarki takarda ta biyu a ce tebur ne. Suka yi shiru tare. Da ƙafar ta warke, Ninian ya rasa wanda zai gaya wa a duk faɗin Scotland sai shi. An ce bishop ya yi dariya har tari ya sarƙe shi, ya share ido, sannan ya nuna wani bokiti da ke tarar yoyo a tsakiyar ɗakin karatunsa.

"To malam mai shaida, ka iya hawa?"

Gargaɗin ke nan. Ninian ya kwance katako ya jingine, ya haye ta cikin silin, ya yini a durƙushe kan azara yana gyaran rufi daga ciki, daga gidan bishop har ya zarce zuwa na majami'a, tunda a haɗe suke. In ya sauko su ci naman tunkiya da kabeji a tebur ɗaya, muna waje muna zabura ta casa'in da ɗaya. Mutanen bishop har suna cewa rufin da ba a ga mai gyara shi ba amma ya daina yoyo, alama ce Allah na tare da su. Wato ƙafa ɗaya ce take ba ɓangare biyu shaida.

Shekaru suka tafi. Meldrum ya samu kujera a majalisar Sarki, yana zuwa Edinburgh da dawakai shida. Ya sake gina gadarmu da dutse, ya kori fastoci biyu da suka ƙi umarni, ya binne matarsa, ya tsufa. Ba mugu ba ne can can, mutum ne da bai iya cewa a'a ga wanda ya fi shi ba. Tsohon Sarki ya mutu, ɗansa ya aiko da sabon littafin addu'a irin na Ingila, ƙasa ta tashi tsaye. Aka kawo takardar Alkawarin ƙin sabon littafin garinmu, aka shimfiɗa a kan dutsen kabari, Ninian aka fara miƙa wa alƙalami. A ƙarshen 1638 babban taron ikilisiya a Glasgow ya tuɓe bishop-bishop duka, namu kuma yana cikin waɗanda aka yanke daga zumunta: ba mai gaishe shi, ba mai ci da shi, ba mai taɓa shi.

Wata safiyar kasuwa a Janairu aka ji Meldrum zai sulale zuwa tashar jirgin ruwa. Mata suka cika mayafansu da duwatsu. Hew Skirving ya ce a ɗauko Ninian a kan kujera a sa shi gaba, ya ga faɗuwar wanda ya azabtar da shi. Mu huɗu muka ɗauka, ni a hannun dama na gaba. Ina jin kujerar na rawa, na ɗauka sanyi ne.

A bakin gada muka tare shi. Tsoho ne ɗan saba'in, ba farin hannun riga, ba dawakai shida, sai keken doki ɗaya da akwatin littattafai da direba. Ya sauko, ya cire hula, wai zai yi mana magana.

"Jama'ata..."

"Jama'ar wa? Kyarkeci!"

Laka aka fara jifa, sai ruɓaɓɓen kifi. Sai wani dutse ya same shi a gefen goshi. Ya ja da baya, ƙanƙara ta kwashe shi, kansa ya bugi dutsen gada da ƙarar da har yau nake ji. Ya kwanta rub da ciki, fuskarsa a cikin kwatami, ruwa na shiga hancinsa. Ba wanda ya motsa, an hana taɓa shi. Na ga hannuwa sun sake ɗagawa da duwatsu.

Sai na ji kafaɗata ta yi sakayau.

Ninian ne ya diro. Ya ruga da wani irin gudu, rabi tsalle rabi sheƙa, ya isa wurin tsohon, ya zube. Ƙarar da ta tashi kamar an karya reshe, mata suka yi kururuwa, sun ɗauka ƙashi ne. Ga shi nan a gaban gari duka, a kan gwiwa biyu, biyu cif, ya tallabo kan bishop yana goge masa laka da hularsa.

Duwatsu suka riƙa zubowa daga mayafai ɗaya bayan ɗaya. Gwaggo Eppie, wadda a lokacin ta haura tamanin, ta dafa ni ta ce, "Dand, idona ne, ko ta lanƙwashe?"

"Ta lanƙwashe, Gwaggo."

"Wacce?"

"Ita dai."

Ta zauna daɓas a ƙasa. Ni kuwa har lokacin ina riƙe da ƙafar kujera, baki buɗe. Ninian ya ɗauki tsohon cak, ya sa shi a keke, ya ce wa direba ya kora. Keken ya ratsa tsakiyarmu ba wanda ya ko dube shi, kowa ƙafa yake kallo. Na ga guntun katako ya zamo daga safar Ninian, na kuma ga Hew Skirving ya ɗora takalminsa a kai.

Washegari dattawa suka zauna, aka kira ni a matsayin dangi. Hew ya sallami magatakarda, ya rufe ƙofa, ya yi murya mai taushi.

"Ninian, ɗan'uwa, zauna. Ba wanda ke zarginka. Shekara nawa mutumin nan yana rufe ka a ɗaki? Wa ya san abin da ya iya? Jiya ya dube ka, ka ji wani abu ya fizge ka daga kujera, ya karya hatimin da Allah ya sa. Ko ba haka aka yi ba?"

Kowa ya gane. In Ninian ya ce i, sunansa ya tsira, kujerar gaba tana nan, 'ya'yansa ba za su sunkuyar da kai ba. Bishop kuwa yana kwance a masaukin masunta, mil takwas daga nan, yana jiran iska ta juya. Mahaya za su kamo shi kafin yamma, kuma hukuncin maita wuta ne. Marjory tana bayan ƙofa, ina jin numfashinta ta ramin makulli. Ni kaina, Allah ya gafarta min, ina ta gyaɗa masa kai.

Ninian ya daɗe yana murza hula. Sannan ya yi maganar da ta fi kowace tsawo a rayuwarsa.

"Shekara goma sha biyar da warkewarta. Santsi ne ya warkar da ita, a bayan gida. Katakon yana aljihunka, dattijo. Rufin majami'a ni na gyara. Mutumin nan bai taɓa yi min komai ba sai ba ni abinci. Ran Istan nan ma durƙusawa na je yi, tebur ne ya hana ni."

Wani dattijo ya ce, "Wayyo Allah." Wani ya tashi ya buɗe taga, a cikin wannan sanyi. Hew da ƙyar ya ce, "Na sa wa ɗana sunanka."

"Na sani. Na so in hana ka."

Matsalarsu ta gaba ita ce me za a rubuta a littafin ikilisiya, tunda duk wanda ke ɗakin ya taɓa dafa gwiwar nan, wasunsu sun yi wa'azi a kanta. Suka yini suna gardama. A ƙarshe aka kira magatakarda ya rubuta cewa Ninian Petrie ya taɓa jikin wanda aka yanke daga zumunta. Ba gwiwa a shafin ko sau ɗaya, na gani da idona.

Lahadi shida ya tsaya a ƙofar coci, ba takalmi, sanye da tsumman buhu, ƙarfe a wuya. Waɗanda suka yi tafiyar kwana huɗu don ganinsa ba su zo ba, na gida kuwa suka riƙa wucewa suna kallon sama. Kafin Lahadi ta uku, Ninian goma sha ɗayan unguwarmu duk sun koma John da James. Bayan ta shida aka ba shi kwana uku ya bar gari, ba tare da takardar shaidar hali ba, wadda in ba ka da ita ba ikilisiyar da za ta karɓe ka.

Iska ta juya a daren zaman dattawa. Meldrum ya isa Newcastle, ya mutu a ɗakin haya shekara mai zuwa, an ce yana koya wa 'ya'yan wani mai sayar da gawayi karatu. Ninian da Marjory suka yi arewa, wani ƙauyen masunta inda ba a cika tambaya ba. Gidajen can na ciyawa ne, sai ya koyi rufin ciyawa da furfura a kansa. Shekara huɗu ya yi yana hawa, zazzaɓi ya ɗauke shi a farkon bazara. Ba a kaɗa masa ƙararrawa ba. Mu bakwai ne a bakin kabarin, biyar 'ya'yansa.

Marjory tana gidana yanzu, tana mulkin matata da ni. Kwanaki na tambaye ta ko ta taɓa yin nadama.

"Ta me? Na ciyar da 'ya'ya biyar da ƙafa ɗaya. Kai da hannu biyu da ƙafa biyu, me ka tsinana?"

"To shi fa, Yaya? Kin yafe masa abin da ya faɗa wa dattawa?"

Ta juya gurasa a kan tanda.

"Wannan na yafe tun a hanya," ta ce. "Gudun ne ban yafe ba. Shekara ashirin da shida ina aurensa, sau biyu siket ɗina na kama wuta a gabansa, ban taɓa ganin ya yi sauri irin na ranar ba. Miƙo min gishiri."